"Let" ɗin da ke cikin fasfo: izini ne ko hani?

Tambaya: Malam, barka da aiki. Na karɓo sabon fasfo domin tafiya Umara, sai na tsaya ina karanta rubutun da ke cikin bangonsa. Na ga an rubuta "to allow the bearer to pass freely without let or hindrance". Mu dai a makaranta an koya mana cewa "let" na nufin bari ko ƙyale. To yaya za a roƙi a bar mutum ya wuce "ba tare da an bar shi ba"? Ko kuskuren ɗab'i ne?

Amsa: Barka kadai, ɗan'uwa, Allah Ya karɓi ibada. Ba kuskure ba ne, kuma malaminku bai koya muku ba daidai ba. Abin da ya faru shi ne, "let" ɗin da kuka koya a aji da "let" ɗin da ke cikin fasfo ba kalma ɗaya ba ce. Kalmomi biyu ne mabambanta da tafiyar zamani ta goge musu kamanni har suka koma rubutu ɗaya, lafazi ɗaya. Ɗaya na nufin bari, ɗaya na nufin hanawa. Ta biyun ta mutu a bakin Turawa tun da daɗewa, sai 'yan wurare ƙalilan da ta maƙale, kuma bangon fasfonka na ɗaya daga cikinsu. Ma'anarta a nan ita ce tsaiko ko cikas. Jimlar tana roƙon a bar mai riƙe da fasfon ya wuce salin-alin, ba tsaiko ba tsangwama.

A nan amsar gaggawa ta ƙare. Sauran bayanin na wanda yake son ya san yadda aka haihu a ragaya ne.

Shekara dubu da suka wuce, a Turancin da ake yi a Ingila kafin Normawa, mutanen arewacin Faransa, su ci ƙasar da yaƙi a 1066, ba mai rikita kalmomin nan biyu. Ta farko ita ce "lætan", da dogon wasali a gaba da "t" guda. Ma'anarta bari, ƙyale, saki, barin abu a baya. 'Yar'uwarta ce Jamusawa ke cewa "lassen", mutanen Holan kuma "laten". Ita ce uwar "let me go" da "let us pray", ita ce kuma ke kan allon "TO LET" da kake gani a jikin gidajen haya, domin mai gida yana bar wa wani gidansa ne ya zauna. Ta biyu ita ce "lettan", da gajeren wasali da "t" biyu, wadda ke nufin tsayar da mutum, jinkirta shi, tare masa hanya.

Bahaushe ya fi kowa saurin gane irin wannan bambanci, don shi ne abincinsa kullum. Gari na zama da gari na tuwo, a boko rubutunsu ɗaya ne, amma a baki tsawon wasalin farko ya raba su, kuma ba Bahaushen da zai aiki yaro ya auno masa birni a kwano. Yanzu ka ƙaddara a wayi gari Hausa ta daina bambanta dogon wasali da gajere a waɗannan kalmomi biyu. Abin da ya sami Turanci ke nan. Dogon wasalin "lætan" ya gajarce, ƙarshen kalmomin nan na "-an" ya koma "-en", daga baya ya zube gaba ɗaya kamar yadda ya zube a dukkan aikatau na harshen. Da ƙura ta lafa sai ga "let" da "let" tsaye kafaɗa da kafaɗa, ɗaya na cewa wuce, ɗaya na cewa tsaya.

Hanya mafi sauƙi ta riƙe ma'anar ta biyun ita ce ka tuna daga inda ta fito, kuma abin mamaki, uwarta tana cikin Hausa. Kalmar "lettan" an gina ta ne daga "læt", wato "late" ta yau, wadda muka ara muka mayar "latti". Asalin ma'anar "læt" ita ce mai nawa, mai jan jiki. To "lettan" ita ce sa mutum ya yi latti. Tsohon Turanci yana da wata dabara ta gina irin wannan aikatau, mai kama da yadda mu muke cewa zauna da zaunar, kwanta da kwantar, sha da shayar. Su ɗafa-ƙeya suke liƙawa mai ɗauke da sautin "y", sai wannan sauti ya ja wasalin cikin kalmar ya sauya shi, wani lokaci ya ninka baƙin da ke gabansa, sa'an nan shi kansa ya ɓace. Sawunsa yana nan birjik a Turancin yau ga mai lura: "sit" da "set" su ne zauna da zaunar, "lie" da "lay" su ne kwanta da kwantar, "drink" da "drench" asalinsu sha da shayar ne kafin ta biyun ta koma jiƙa sharkaf, "fall" da "fell" faɗi da kayar, "full" da "fill" cikakke da cikawa. A wannan layi "late" da "let" suke: makara da makarar da wani. In ka riƙe wannan, ba za ka sake ruɗewa ba.

Akwai ma shaida a fasfon Amurka. Su ba su riƙe tsohuwar kalmar ba, sun rubuta "without delay or hindrance". Wato sun cire "let" sun sa kalmar da ke nufin jinkiri a gurbinta, kuma sun dace, don ma'anar ke nan tun asali.

A wasu harsunan dangin Turanci kalmar ba ta mutu ba, tunda a can ba ta yi karo da kowa ba. Mutanen Holan har gobe suna cewa "beletten" da ma'anar hanawa. A Jamusanci ta ɗan karkata ta zama "verletzen", ji wa mutum rauni. Masana tarihin harshe da yawa suna ganin in aka bi salsala can baya sosai, "lætan" da "læt" ma daga saiwa ɗaya suka tsiro, mai ma'anar saki ko sanyin jiki, wadda ta ba Latin kalmar "lassus", gajiyayye. In haka ne, 'yan'uwa ne na nesa da suka rabu suka sake haɗuwa ba su gane juna ba.

Wurin da na fi son nuna wa ɗalibai kalmomin biyu shi ne a baitocin Geoffrey Chaucer, mawaƙin Landan da ya rasu a 1400. A farkon labarin da jarumin doki ya bayar cikin "The Canterbury Tales", matafiya sun yi yarjejeniya kowa zai ba da labari a hanya, wanda nasa ya fi daɗi a ciyar da shi abincin dare. Jarumin yana ba da haƙuri cewa ba zai ja zance ba, sai ya ce: "I wol nat letten eek noon of this route, Lat every felawe telle his tale aboute." Wato ba zan tsare kowa a ayarin nan ba, a bar kowa ya ba da nasa labarin bi da bi. Dubi yadda suka zo a baiti biyu a jere: "letten" na hanawa a sama, "lat" na bari a ƙasa. A zamaninsa har yanzu akwai ɗan abin da kunne zai kama.

Shekara ɗari biyu bayan haka, a zamanin Shakespeare, wannan ɗan bambancin ma ya tafi. A wasan "Hamlet", wanda aka rubuta wajen 1600, fatalwar mahaifin Hamlet ta bayyana a kan ganuwa da dare tana yafito shi. Abokansa Horatio da Marcellus suka riƙe shi, suna tsoron kada ta ja shi ga halaka. Sai ya fizge yana cewa: "Unhand me, gentlemen. By heaven, I'll make a ghost of him that lets me!" Na taɓa ba wani aji wannan wuri su fassara. Kusan duka suka rubuta cewa duk wanda ya sake shi zai mayar da shi fatalwa. Wata ɗaliba a layin baya ta ɗaga hannu ta ce, "Malam, to shi wannan mahaukaci ne? Ya ce a sake shi, kuma ya ce zai kashe wanda ya sake shi?" Ita kaɗai ta tsaya ta ga maganar ba ta haɗu ba, sauran sun bi ƙamus sun wuce. Abin da Hamlet yake faɗa shi ne: ku sake ni, na rantse duk wanda ya tare ni sai na mayar da shi fatalwa shi ma.

Za ka ce, to su 'yan kallo na wancan lokaci yaya suke ganewa? Ginin jimla ne yake raba gardama. "Let" ta bari tana neman wani aikatau a bayanta: a bar ni in yi me? "Let me go", "let him speak". Ita kuwa ta hanawa takan tsaya da mutumin kawai, ko ta ɗauki "from". In ka ga "lets me" an sa aya ba wani aikatau a gaba, a tsohon rubutu, to ka yi zargin hani ne. Haka kuma in ta zo a matsayin suna. A wasan "Henry V", basaraken Bagandi, wani yanki na Faransa, mai shiga tsakani yana tambayar sarakunan Ingila da Faransa "that I may know the let", wato yana son ya san abin da ya tare hanyar sulhu.

Inda kalmar ta fi yin ɓarna shi ne a fassarar Littafi Mai Tsarki ta Sarki James, ta 1611, domin wannan littafi ne da aka ci gaba da karantawa a coci ƙarni bayan ƙarni alhali harshen titi ya yi gaba ya bar shi. A wasiƙar Romawa 1:13, Bulus yana cewa ya sha niyyar zuwa wurinsu "but was let hitherto". Mai karatu na yau zai ɗauka an ba shi dama, alhali cewa yake an hana shi har zuwa yanzu. A Ishaya 43:13 akwai "I will work, and who shall let it?", ma'ana zan aikata, wa ya isa ya hana? Mafi rikitarwa ita ce Tasalonikawa ta Biyu 2:7: "only he who now letteth will let, until he be taken out of the way." Ana magana ne a kan wani mai danne mugunta, wanda zai ci gaba da danne ta har a kawar da shi. In ka karanta da ma'anar yau, ayar ta kife, mai dannewa ya koma mai ba da izini. Shi ya sa da aka yi wa fassarar Sabon Alkawari gyara a 1881 aka sa "hindered" a Romawa, aka sa "restraineth" a Tasalonikawa. A littafin addu'o'in cocin Ingila na 1662 ma akwai "sore let and hindered", kuma ka lura a nan ma an jera ta da abokiyar tafiyarta ta cikin fasfo.

Dalilin mutuwarta a fili yake. Harshe yana jure kalma ɗaya mai ma'ana biyu muddin ma'anonin ba sa haɗuwa a kasuwa ɗaya. Fari na launi da fari na rashin ruwa ba sa damun kowa. Amma bari da hanawa a wuri ɗaya ake bukatarsu: a bakin ƙofa, a gaban alƙali, tsakanin uba da ɗa. Dole ɗaya ta kauce. Wadda ake faɗa sau ɗari a yini ita ta zauna, ɗayar kuwa "hinder" da "prevent" da "stop" suka gaje aikinta.

Wanda ya yi karatun zaure zai tuna da babin da malaman Larabci suke kira "al-addad", kalmomin da ke ɗauke da ma'ana da kishiyarta. Sanannen misali shi ne "ƙur'u" na ayar idda a Suratul Baƙara, wanda ke iya nufin tsarki, yana kuma iya nufin haila, har Malikawa da Shafi'awa suka tafi a kan tsarki, Hanafawa suka tafi a kan haila. Turanci ma yana da irinsu. "Cleave" na nufin tsaga, tana kuma nufin manne, kuma labarinta irin na "let" ne sak: kalmomi biyu ne suka narke suka zama ɗaya. Sai dai kada a haɗa wannan da "bari" tamu. Gaskiya ne "bari in tafi" neman izini ne, "bari!" kuma tsawatarwa ce, amma wannan kalma ɗaya ce da ma'anarta ta yi rassa, daga sakin abu zuwa daina shi. Jamusawa ma haka suke yi da "lassen". Na "let" ya bambanta, haɗarin lafazi ne kawai.

Yau a wuri biyu za ka iske ta da rai. Na farko a filin wasa. A ƙwallon tanis, in mai bugun farko ya buga ƙwallo ta shafi raga amma ta faɗa inda ya kamata, alƙali zai ce "let", a sake bugu, ba a ci kowa ba. Haka in ƙwallo daga wani fili ta gangaro ta shiga tsakanin 'yan wasa. Mutane da yawa suna jin "net" suke tsammani an ce, tunda ragar ce aka taɓa, kuma ban ga laifinsu ba. Amma "let" ce, wato an sami cikas. Ana amfani da ita a tanis na tebur da badminton, kuma a wasan sukwash, wanda ake buga ƙwallo a jikin bango, ma'anar ta fi fitowa fili, don a can ana neman "let" ne idan abokin karawa ya tare maka hanyar kai wa ƙwallo.

Na biyu shi ne wannan jimla ta fasfo da takardun lauyoyi. Mun gaje ta daga Birtaniya. Fasfonsu har yau yana cewa sakataren gwamnatin Mai Martaba "requests and requires" duk wanda abin ya shafa ya bar mai riƙe da shi ya wuce "without let or hindrance". Bayan rasuwar Sarauniya Elizabeth a 2022 sun sauya "Her" zuwa "His" a sababbin fasfo daga 2023, amma ba su taɓa "let" ba. Ƙasashe da dama da Birtaniya ta mulka, irin su Najeriya da Indiya da Ostireliya, sun riƙe lafazin, suka sauya sunan mai roƙon kawai. A namu da sunan Shugaban Ƙasa ake yin roƙon. Asalin abin wasiƙa ce. Kafin fasfo ya zama ɗan littafi mai hoto, takarda ce guda da sarki ke ba matafiyi yana neman sarakunan da zai ratsa ƙasarsu su ba shi hanya, kuma an ambaci irin wannan takardar aminci a wata dokar Ingila ta 1414, zamanin Henry na Biyar. Siffar ɗan littafi da muka sani ta bazu ne bayan taron da Ƙungiyar Ƙasashen Duniya ta wancan lokaci ta kira a Faris a 1920. Wasiƙar ta ƙanƙance ta koma sakin layi ɗaya a cikin bango, da tsohon harshenta.

Me ya sa kalma biyu, "let" da "hindrance", in duk abu ɗaya suke nufi? Ɗabi'ar lauyoyin Ingila ce su jera tagwaye: "null and void", "aid and abet", "will and testament", "cease and desist". Ana yawan cewa wai don a haɗa kalmar Turanci da ta Faransanci ne bayan zuwan Normawa, kowa ya gane. Wannan ya yi daidai a kan "will and testament", amma bai hau kan tamu ba, don "hinder" ma 'yar gida ce, dangin "behind", ma'anarta mayar da mutum baya. Wutsiyar "-ance" kaɗai ce ta Faransanci. In mutum yana son ya tsaga gashi zai ce "let" jinkirtawa ce, "hindrance" kuma komar da mutum baya, amma a aikace ba wanda yake raba su. Ni a ganina daɗin faɗa ne da son a toshe kowace kafa, kamar yadda muke cewa ba kyara ba tsangwama, ko zaman lafiya da kwanciyar hankali. Kuma wannan tagwaitakar ce ta ceci "let". Da ita kaɗai ce da tuni an share ta, amma "hindrance" na gefenta tana yi mata tafinta. A 1999 kotunan Ingila sun yi wa harshensu wankin babban bargo, suka jefar da "plaintiff" suka ɗauki "claimant", suka jefar da "writ" suka ɗauki "claim form". Fasfo bai shiga wannan shara ba.

Game da fassara, in an ba ni jimlar zan ce: a bar mai ɗauke da wannan fasfo ya wuce ba tare da tsaiko ko cikas ba. In ana son ta yi armashi a baki, ba tsaiko ba tsangwama. Abin da ba zan yarda da shi ba shi ne "ba tare da izini ba", wanda na taɓa gani a wata takardar yarjejeniyar fili da aka kawo mini in duba. Turancin ya ce mai saye zai shiga filinsa ya fita "without let or hindrance" daga mai sayarwa. Tafintan ya rubuta cewa zai shiga "ba da izini ko hanin" mai sayarwa ba. Ya kusa, amma dattijon da ya sayar da filin ya ji kamar ana cewa za a riƙa ratsa masa gida ba sallama, har ya ƙi sa hannu sai da aka warware masa.

In kana rubutun Turanci, shawarata kada ka fitar da wannan "let" daga cikin jimlarta. "Without let or hindrance" a dunƙule take, haka za ka ɗauke ta ko ka bar ta. Kada ka ce "the rain let me from coming" kana nufin ruwa ya hana ka zuwa, ko Baturen Ingila ba zai gane ba, zai ɗauka Turancin ne bai zauna maka ba. Kada ka yi mata jam'i, kada ka juya ta ka ce "with let". Ka kuma kula da rubutun "hindrance", ba "e" tsakanin "d" da "r", ko da yake aikatau ɗin "hinder" ne. Wannan kuskure ya cika takardu. 'Yan jaridunmu da 'yan siyasa suna ƙaunar jimlar, musamman lokacin zaɓe, a ce jama'a su fito su jefa ƙuri'a "without let or hindrance". Ba laifi, amma "freely" kaɗai ta isar, kuma mai sauraro zai fi ganewa. Wutsiyar "-let" da ke "booklet" da "leaflet" kuwa ba ta da alaƙa da ko ɗaya cikin biyun, daga Faransanci take, tana nuna ƙanƙanta. "Outlet" da "inlet" su na gidan bari ne, inda ake barin abu ya fita ko ya shiga.

Abu na ƙarshe, tunda tafiya ce a gabanka: jimlar roƙo ce daga gwamnatinka zuwa ga wasu gwamnatoci, ba ta ɗaure jami'in shige da fice na Jidda ko Madina da komai ba. Bizarka da katin allurar rigakafi su zai duba, don haka su kasance a hannu kafin ka shiga layi.